Motar Yashi A Hannun Hukuma: A Tsare Ta Ko A Ba Da Belinta?

Akwai wata magana da ta daɗe tana kai da kawowa a kotunan ƙasar Indiya, wadda mu ke so mu shimfiɗa a gaban masu karatu, musamman malaman makaranta da malaman ofis, don su auna ta da hankalinsu. Maganar kuwa ita ce ta motocin da hukuma ke kamawa bisa zargin sun ɗauko yashin kogi ba da izni ba. An tare mota a hanya, an ga yashi a bayanta, direba bai nuna takardar da ta gamsar da ɗan sanda ba, an kora ta zuwa caji ofis. Mai motar bai amsa laifi ba, alƙali kuma bai ji shaidu ba tukuna. To, daga wannan rana zuwa ranar hukunci, wadda mai yiwuwa ne sai bayan shekaru za ta zo, ina ya kamata motar nan ta kwana?

Namu ra'ayin shi ne wannan. Kama motar daidai ne, ba mu da ja a kansa. Amma barinta ta ruɓe a farfajiyar 'yan sanda kafin a yi shari'a zalunci ne, ko da ba wanda ya yi niyyarsa. Abin da ya dace shi ne a rubuta kome game da ita, a ɗauki hotonta, a karɓi jingina mai nauyi daga mai ita, sa'an nan a miƙa masa mabuɗi cikin 'yan kwanaki. In an same shi da laifi a ƙarshe, a ƙwace ta da bakin alƙali. Za mu kawo dalilanmu ɗaya bayan ɗaya, ba kuwa za mu ɓoye hujjar waɗanda ba su yarda da mu ba, gama hujjarsu tana da nauyi.

ME YA SA A KE SATAR YASHI?

Mai karatu ya iya tambaya, yashi kuma har ya kai abin sata? Lalle ya kai. Hukumar Majalisar Ɗinkin Duniya mai kula da muhalli ta ba da rahoto a 2022 cewa yashi da tsakuwar da 'yan Adam ke ɗiba kowace shekara sun kai wajen tan biliyan 50, kuma in ban da ruwa ba wani albarkar ƙasa da a ke amfani da shi fiye da su. Kowane bulo, kowace gada, kowane ajin makaranta da aka yi wa daɓen siminti, yashi da tsakuwa ne suka fi yawa a cikinsa. Rairayin hamada kuwa, duk da yawansa, ba ya ƙulla kankare mai ƙarfi, domin iska ta goge ƙwayoyinsa sun yi sumul, ba su kama juna. Na kogi shi ne mai kaushi, mai tsabta, shi magina ke so. Saboda haka duk inda birni ke girma, kogin da ke kusa da shi ne ke biya.

Mu ɗauki Jihar Kerala, can kudu maso yammacin Indiya. Jiha ce doguwa, tsukakkiya, tsakanin duwatsu da teku, tana da koguna 44, yawancinsu gajeru. Kogi yana kawo yashi sannu a hankali, damina bayan damina, amma masu ɗiba ba su jiran damina. In an ɗebi fiye da abin da kogi ke kawowa, sai gindinsa ya yi zurfi. Da gindin kogi ya zurfafa, ruwan ƙarƙashin ƙasa na gefensa sai ya bi shi ƙasa, rijiyoyin ƙauye su ƙafe da rani. Gaɓa ta zaizaye ta tafi da gonaki, ƙafafun gada su tonu, a kusa da teku kuma ruwan gishiri ya kutso cikin kogi ya ɓata ruwan sha. Manyan kogunan jihar, irin su Periyar da Pamba da Bharathapuzha, duk sun ɗanɗana wannan. Don haka ne a 2001 majalisar jihar ta kafa doka ta musamman don kare gaɓar koguna da tsara ɗibar yashi. Cikin abin da dokar ta hana akwai ɗiba a wurin da bai kai nisan mita 500 daga gada ko aikin ban-ruwa ba, ta kuma ce motar lodi ta tsaya aƙalla mita 25 daga gaɓa. Wanda ya san wannan ya san ba don neman fitina a ke tare motocin yashi ba.

KAMU DABAN, ƘWACE DABAN

Babbar dokar ma'adinai ta Indiya, ta 1957, ta sa yashi cikin ƙananan ma'adinai, ta bar wa kowace jiha ikon tsara yadda za a ɗebe shi. Gyaran da aka yi mata a 1999 ya hana kowa dakon ma'adini ko tara shi sai bisa ƙa'ida, gyaran 2015 kuma ya ɗaga horon har ɗaurin shekara 5. Sashe na 21 na dokar ya ba jami'in da aka ɗora wa aikin ikon kama ma'adinin, da kayan aiki, da motar da aka yi amfani da ita. Amma da ya zo kan ƙwacewa, watau raba mutum da dukiyarsa har abada, sai ya ce wannan sai da umurnin kotu. Waɗansu jihohi, ciki har da Kerala, sun ba manyan jami'an mulki ikon sauraron maganar ƙwacewa, amma su ma sai sun kira mai mota sun ji ta bakinsa.

Wannan bambanci shi ne gindin maganarmu duka. Ana kamu ne don a tsare shaida, kada mai laifi ya ɓatar da ita. Ƙwace kuwa horo ne, horo kuma ba ya zuwa sai bayan an tabbatar da laifi. Inda gizo ke saƙa shi ne, in kamu ya daɗe, sai ya rikiɗe ya zama ƙwace ba tare da wani alƙali ya sa hannu a takarda ba.

Mota ba kamar zobe ba ce, da za a kulle a akwati a same shi yadda aka bar shi. In ta daɗe a tsaye cikin rana da ruwa, sai tayoyi su tsage, batir ya mutu, tsatsa ta kama injin. In an bar lodin yashi a bayanta, ruwan sama ya jiƙa shi ya ci ƙarfen bodi, har ciyawa ta tsiro a kai. Abin da rana da ruwa suka bari, masu dogon hannu su kwance da dare. Ranar da alƙali ya ce mutumin nan ba shi da laifi, a mayar masa da motarsa, abin da zai tarar sai dai a sayar wa 'yan gwangwan. Ranar da kuma alƙali ya ce ya yi laifi, a ƙwace a yi gwanjo, abin da baitulmali zai samu bai taka kara ya karya ba. Ko ta ina aka duba an yi hasara, kogi kuwa bai ƙaru da ko ƙwaya ɗaya ba.

WA KE SHAN WAHALAR?

Sa'an nan a duba wanda ke shan wahalar. Cinikin yashin sata yana da manya: masu kuɗin da ke riƙe da mashigar kogi, da masu injin haƙa, da 'yan kwangilar da ke saye, da waɗanda ke ɗaure musu gindi a ofisoshi. Waɗannan ba a kan same su a kan hanya da tsakar dare ba. Wanda a kan samu shi ne direba da yaran mota, motar kuwa sau da yawa ta wani ce da ya ci bashin banki ya saya, yana biya wata-wata. Wani ya ba da ita haya, bai san inda aka kai ta ba. Wani yana da takardar izni, amma lokacinta ya wuce don mota ta lalace a hanya. Wani kuma ya ce abin da ya ɗauko ba yashin kogi ba ne sam, garin dutse ne da aka niƙa a inji, irin wanda magina da yawa a kudancin Indiya suka koma wa. Ba mu ce duk masu gaskiya ne ba, da yawansu sun san abin da su ke yi sarai. Amma ba a rarrabe mai gaskiya da maƙaryaci sai an zauna shari'a, banki kuwa ba ya jiran shari'a. Mai tifa goma, in an kama ɗaya, tara suna aiki. Mai guda ɗaya, in an kama ta, tukunyar gidansa ce aka kife, tare da ta direba da ta masu lodi. An bar jaki ke nan ana dukan taiki.

Akwai kuma wata ɓarna da ta fi wannan. In mai mota ya san cewa da zarar motarsa ta shiga farfajiya ba ta fitowa sai ta mutu, me zai hana shi miƙa abin da aka nema tun a bakin hanya? Tsawon jira shi ke sa farashin cin hanci ya hau. Jami'i mai gaskiya ba ya ƙaruwa da jinkiri, wanda ke ƙaruwa shi ne mai cewa, kawo kaza in rufe ido. In kuwa kowa ya san hanyar fita a buɗe ta ke, sharuɗɗanta a rubuce, kwanakinta a ƙidaye, mai gaskiya zai gwammace ya je gaban alƙali.

ABIN DA ALƘALAI SUKA YANKE

Manyan alƙalan Indiya sun ga wannan tun da daɗewa. A 2002 Kotun Ƙoli ta ƙasar ta yanke wata shari'a wadda lauyoyi ke kira da sunan Sunderbhai Ambalal Desai. Asalinta ba maganar yashi ba ce. Waɗansu 'yan sanda ne na Jihar Gujarat aka zarga da musanya kayan shaidar da ke hannunsu, har da kayan ado na zinariya, da na jabu. Daga nan kotun ta dubi maganar ajiyar kayan shaida gaba ɗaya. Game da motoci ta ce ba wani amfani a ajiye su a ofisoshin 'yan sanda na dogon lokaci. Majistare ya ba da umurni nan da nan, ya karɓi takardar alkawari da mai tsayawa da jingina, a ɗauki hoton motar, a rubuta cikakken bayaninta, kana a miƙa ta. Wadda ba wanda ya zo nema kuwa, a sanar da kamfanin inshora, in shi ma bai karɓa ba a yi gwanjonta.

A 2010 Babban Kotun Kerala, a cikakken zama, ya ɗauko maganar motocin yashi kansu. Ya ce a yi ƙoƙari a gama maganar ƙwacewa cikin mako 6 daga ranar kamu. In ba a gama ba, a iya ba mai mota motarsa ya riƙe, bisa sharaɗin ya ajiye kashi 30 cikin 100 na ƙimarta tsabar kuɗi, sauran kuma ya kawo lamunin banki ko ya jinginar da fili ko gida. Ƙimar kuwa hukumar kula da motoci ce za ta yanke ta. Kuɗin da jinginar suna jiran yadda shari'a ta ƙare. Wannan hukunci ya tsare haƙƙin ɓangarori biyu. Hukuma tana riƙe da darajar motar gaba ɗaya, mai mota yana riƙe da ƙarfen da ke ciyar da iyalinsa.

Har wa yau, ran 1 ga Yuli 2024 Indiya ta fara aiki da sabuwar dokar tsarin shari'ar laifi, wadda ta maye gurbin ta 1973. Sashe na 497 nata ya ƙidaya kwanaki. Cikin kwana 14 da kawo kaya gaban kotu a rubuta bayaninsu, a ɗauki hotonsu, in ta kama har da hoto mai motsi ko da na wayar hannu ne, bayanin da hoton kuma su tsaya a matsayin shaida. Cikin kwana 30 bayan haka kotu ta faɗi abin da za a yi da kayan. Watau abin da alƙalai suka yi ta nanatawa tun 2002 ya shiga doka da adadin kwanaki.

HUJJAR MASU JA

Yanzu ga hujjar masu ja. Su kan ce, motar da aka saki da safe, da dare tana bakin kogi. Ribar yashin sata tana da yawa, har mai yi ya kan lissafa tara cikin kuɗin aiki, kamar yadda ya ke lissafa man mota. Ba abin da ke tsorata shi sai rasa motar kanta. Su kan ƙara da cewa jami'an da ke tare motocin nan suna sayar da rai ne. Wannan kuwa gaskiya ne. A watan Maris 2012, a gundumar Morena ta Jihar Madhya Pradesh, wani matashin hafsan 'yan sanda mai suna Narendra Kumar ya rasa ransa a ƙarƙashin tarakta mai ɗauke da duwatsun da aka fasa ba da izni ba, yana ƙoƙarin tsayar da ita. Duwatsu ne ba yashi ba, amma sana'ar ɗaya ce. Ina amfanin mutum ya sa wuyansa ya kama mota, in bayan mako biyu zai gan ta tana wuce shi da sabon lodi?

Kotuna ba su yi wasa da wannan hujja ba. A 2012 Kotun Ƙoli ta ce ko filin haƙa bai kai hekta 5 ba sai an sami iznin hukumar muhalli. A 2014 ta ce 'yan sanda suna da ikon tuhumar mai ɗibar yashi a ɓoye da laifin sata, gama yashin kogi dukiyar jama'a ce da ke hannun Gwamnati. A ƙarshen 2020 ta ce biyan tarar sulhu ƙarƙashin dokar ma'adinai ba ya wanke mutum daga tuhumar satar. Kotun musamman ta kare muhalli, wadda aka kafa a 2010, ita kuwa a 2019 ta ce kada a saki motar da aka kama sai an biya rabin farashinta na sabuwa. A watan Fabrairu 2020 ta sake lale ta kawo ma'auni: rupi 400,000 ga motar da farashinta ya wuce rupi miliyan 2 da rabi in ba ta kai shekara 5 ba, rupi 300,000 in tana tsakanin shekara 5 da 10, rupi 200,000 ga sauran. Ta ba da wata ɗaya daga ranar kamu a biya, in ba a biya ba a iya ƙwacewa a yi gwanjo. Motar da aka sake kamawa kuwa ta koma kan rabin farashi.

Mai hankali zai lura da abu guda a nan. Ko kotun da ta fi kowa zafi a kan masu satar yashi ba ta ce a bar mota ta ruɓe ba. Ta ce a biya a fita, ko a ƙwace a sayar, duka cikin ƙayyadadden lokaci. Masu ja suna so laifin ya yi zafi, mu ma haka mu ke so. Amma zafin ya fito daga kuɗin da zai shiga baitulmali a gyara gaɓar kogi da shi, da jinginar da za a cinye in an maimaita. Tsatsa ba ta gyara gaɓa, ba ta kuma san mai laifi da marar laifi ba. Mutumin da takardar gonarsa ke hannun kotu zai yi tunani sau biyu kafin ya sake tura direba bakin kogi. In kuwa ya sake, to, ya yanke wa kansa hukunci, ba mai tausaya masa.

Sai dai muna da gyara ɗaya. Ya kamata a bar ƙofa biyu a buɗe, kada a haɗa su. Ƙofa ta fari ta wanda ya amsa laifi ce, ya biya tara da diyya, kuɗin sun tafi ke nan. Ƙofa ta biyu ta wanda ya ce bai yi ba, shi ajiya zai yi, in gaskiyarsa ta fito a mayar masa. In aka ce ba mai fita sai ya biya tara, an tilasta wa marar laifi sayen motarsa da amsa laifin da bai yi ba. Har wa yau, awon kashi cikin 100, irin na Kerala, ya fi adalci bisa adadi guda da a ke ɗora wa kowa, domin rupi 200,000 ga mai tsohuwar tarakta ba daidai ya ke da rupi 200,000 ga mai babbar tifa ba.

YADDA A KE KARƁO TA

Ga wanda ke son sanin yadda aikin ke tafiya, ga shi a taƙaice, ko da ya ke jiha da jiha suna da ɗan bambanci. Mai neman motar shi ne wanda sunansa ke cikin takardar rajista, ba direba ba. Zai fara neman kwafin takardar kamu, wadda ta nuna rana da wuri, da abin da aka samu, da sashen dokar da a ke zarginsa da karyawa. Sa'an nan ya rubuta roƙo zuwa ga majistaren da aka kai wa rahoton kamun, ko jami'in mulkin da dokar jihar ta ambata. Zai haɗa da takardar rajista, da ta inshora, da lasin direba, da takardar iznin ɗaukar yashin in yana da ita, da rasit na wurin da aka saya. In musunsa shi ne kayan ba yashin kogi ba ne, sai ya roƙa a ɗebi samfuri a kai wa masana ƙasa su gwada, tun lodin bai gauraya ba.

Kotu za ta ji ta bakin hukumar da ta yi kamun, a yanke ƙimar motar, kana a gindaya sharuɗɗa. Waɗanda aka saba su ne, kada ya sayar da ita, kada ya sake mata kama, ya kawo ta duk ranar da aka nema, kada kuma a sake samunta cikin irin wannan laifi. Maganar yashin kansa daban ce, ba ya bin motar gida don kawai an sake ta. In an hana shi, yana da hanyar kai kuka kotu ta sama. Abin lura shi ne, sakin mota ba wanke laifi ba ne. Shari'a tana nan tana jiransa.

Duk wannan tsari a kan takarda ya ke tsaye. In ɗan sandan da ya yi kamu bai rubuta lambar injin ba, in akawun kotu ya bar roƙon a ƙarƙashin tulin fayil, in mai ƙima ya ce sai wani mako, to, kwana 14 da kwana 30 na doka sun zama labari. Sau da yawa ba alƙali ke kashe mota ba, tebur ne.

ABIN DA YA SHAFE MU

Wani ya ce, ina ruwanmu da shari'ar Indiya? Ruwanmu biyu ne. Na fari, dokokinmu 'yan uwan juna ne. A 1958 Gwamnatin Jihar Arewa ta gayyato kwamitin masana shari'a, Alƙalin Alƙalan Sudan, Sayyid Muhammad Abu Rannat, yana shugabanta. Bisa shawararsu aka tsara dokar laifuffuka da ta tsarin shari'a waɗanda suka fara aiki a 1960, an kuwa ɗauko su ne daga na Sudan, na Sudan kuma daga na Indiya, inda asalin dokar laifuffukan ya koma ga ta 1860. Jihohi da yawa sun sake nasu daga baya, amma saiwar ɗaya ce. Dokar tafiyar da shari'ar laifi ta Tarayya ta 2015, a sashe na 10, ta ce ɗan sanda ya rubuta duk abin da ya karɓa daga hannun wanda ya kama, ya ba shi kwafi, ta kuma yarda a saki kaya ga mai su bisa takardar alkawari kafin a gurfanar a kotu. Ashe ƙa'idar ba baƙuwa ba ce a wurinmu.

Na biyu, mu ma muna da koguna da tifofi. Wanda ya san Kogin Challawa, ko Kogin Kaduna, ko Gulbin Rima, ya ga yadda a ke kwasar yashi don gina biranenmu. Dokar ma'adinai ta 2007 ta danƙa ma'adinan ƙasa a hannun Gwamnatin Tarayya. Duk ranar da hukuma ta tsananta tare motoci, farfajiyar ofisoshi za ta cika, tambayar da ta dami Kerala kuma za ta zo ƙofarmu. Gara a shirya amsa tun yanzu, gama ba a fafe gora ranar tafiya. A yanke kwanakin da mota za ta iya yi a tsare. A yanke awon jingina bisa ƙimarta, a manna shi a bango inda kowa zai karanta. A ɗauki hoto da samfuri ranar kamu. A bi sawun lodin zuwa wurin wanda ya haƙa da wanda ya saya. Wanda ya maimaita kuwa a cinye jinginarsa, a ƙwace motar da umurnin kotu, a yi gwanjonta tun tana da sauran daraja.

Ku malaman ofis, takardar da ke kwance a kan teburinku abincin wani gida ce. Ku rubuta ranar da ta shigo, ku tura ta gaba a ranar, kada ku karɓi kome a kanta. Ku kuma malaman makaranta, in kun zo darasin labarin ƙasa, ku nuna wa yara dalilin da ya sa rijiya ke ƙafewa in an zurfafa kogi, in kun zo darasin zaman jama'a ku koya musu cewa zargi daban, laifi daban. Yaran nan su ne direbobi da 'yan sanda da alƙalan gobe. Allah ya ba shugabanni ikon yin adalci, ya kiyaye mana kogunanmu, amin.